Auren bogi a wasan kwaikwayon barkwanci: daga Mvoutessi zuwa Garwa

Auren bogi shi ne auren da aka ƙulla da dukkan alamunsa na zahiri, an tara jama'a, an raba goro, an shafa fatiha ko an sa hannu a takarda, alhali ɗaya daga cikin ma'auratan, ko su duka, ba zaman aure ne a ransu ba. Abin da ake hari kuɗi ne, ko takardar zama a wata ƙasa, ko muƙami, ko kuma a toshe bakin mutanen unguwa. Masu wasan barkwanci sun haura shekara 2,000 suna hawa dandali da irin wannan aure, kuma wasan kwaikwayon da ya fi kowanne suna a Kamaru an gina shi ne a kan ɗan'uwansa na kusa, wato auren kuɗi.

A galibin waɗannan wasanni ba amarya ake yi wa dariya ba. Dariyar kan faɗa ne a kan uba da kawu da mai dalilin aure da manemi mai ƙaryar arziki, mutanen da suka mayar da ɗaurin aure ciniki, suna kuma rantsuwa cewa mutuncin gida suke karewa.

Sunayensa da ire-irensa

Hausa tana da sunaye da yawa a wannan fage, kuma kowanne da inda ya dosa. Auren kuɗi, ko auren jari, shi ne wanda aka yi don dukiyar miji ko ta mata. Auren kisan wuta shi ne wanda ake shiryawa bayan saki uku: a nemo wani namiji ya auri matar na ɗan lokaci, sannan ya sake ta don ta koma wa mijinta na farko. Auren biza ya yi suna a tsakanin masu zuwa Saudiyya, inda mace kan ɗaura aure da wani don kawai a rubuta shi a matsayin muharraminta, kafin hukumomin ƙasar su sassauta wannan sharaɗi a 'yan shekarun nan. Akwai kuma auren rufin asiri, wanda ake gaggautawa don kauce wa abin kunya, ko don bazawara ta huta da tsegumi.

Faransanci ya raba abin gida biyu. Mariage blanc shi ne wanda miji da mata duka suka san ƙarya ce, galibi don samun takardu. Mariage gris shi ne wanda ɗaya ya shiga da zuciya ɗaya, ɗayan kuwa yaudara ta kawo shi. Auren dole daban yake da waɗannan, domin masu ɗaura shi zaman aure na dindindin suke nufi, sai dai sun tsallake yardar yarinya. A dandali dai sau da yawa akan tarar da su a haɗe, tun da kuɗin da aka karɓa shi ne ke sa a tilasta ta.

Tsohuwar dabara ce

Tun kusan shekara 200 kafin haihuwar Annabi Isa, marubucin Rum mai suna Plautus ya rubuta wasan Casina. Wani tsoho ne yake sha'awar baiwar gidansa, sai ya shirya aurar da ita ga mai kula masa da gona don ya riƙa zuwa wurinta a ɓoye. Uwargida ta gane, ta sa aka yi wa wani bawa namiji shigar amarya aka kai ɗakin. A Ingila a 1609, Ben Jonson ya dawo da wannan dabara a wasan Epicoene: wani attajiri da ya ƙi jinin hayaniya ya auri mace da aka ce masa ba ta magana, don ya hana ɗan 'yar'uwarsa gado. Ana ɗaura aure bakinta ya buɗe. Sai da ya sa hannu a takardar ba yaron kuɗi da gado kafin a bayyana masa cewa amaryar tasa saurayi ne aka yi wa ado.

Molière, wanda ɗaliban makarantun Faransanci a Kamaru da Nijar da Chadi suka sani tun daga sakandare, ya taɓa batun sau da yawa. A George Dandin, na 1668, manomi mai kuɗi ya auri 'yar masu sarautar da suka talauce. Su sun samu an biya musu bashi, shi ya samu suna, amma matar ba ta ƙaunarsa, surukai kuma ba su daina raina shi ba. A L'Avare, na wannan shekarar, marowaci Harpagon yana son ba wani dattijo 'yarsa saboda kawai ya yarda ya ɗauke ta ba tare da uban ya haɗa ta da dukiya ba. A Le Bourgeois gentilhomme, na 1670, ɗan kasuwa Jourdain ya ƙi saurayin 'yarsa don ba jinin sarauta ba ne, sai saurayin ya dawo cikin shigar ɗan Sarkin Turkawa, nan take ya ba shi ita.

Kisan wuta ma yana da tsohon tarihi a hikaya. A cikin Dare Dubu da Ɗaya akwai labarin Ala'uddin Abu Shamat, wanda 'yan fashi suka tsiyata, aka ɗauko shi a Bagadaza ya auri Zubaida na dare ɗaya, da sharaɗin in bai sake ta da safe ba zai biya dinari 10,000. Gari ya waye sun ƙaunaci juna, ya ce ba zai sake ta ba. A Masar, Adel Imam ya fito a fim ɗin Zawj Taht al-Talab na 1985 a matsayin ƙaramin ma'aikacin da ya mayar da kisan wuta sana'a.

Masu nema uku, miji ɗaya

A Kamaru, duk maganar aure da kuɗi a dandali takan koma ga Guillaume Oyônô-Mbia, wanda aka haifa a 1939 a ƙauyen Mvoutessi na ƙabilar Bulu a kudancin ƙasar, ya rasu a 2021. Yana ɗan makaranta ya rubuta Trois prétendants... un mari, wato masu nema uku, miji ɗaya. Kamfanin ɗab'i na CLE da ke Yawunde ya buga shi a 1964, kuma a 1970 ya samu lambar yabo mai sunan El Hadj Ahmadou Ahidjo, shugaban ƙasar na farko, ɗan Garwa.

Labarin ya faru ne a Mvoutessi. Juliette ta dawo hutu daga makarantar sakandare ta tarar danginta sun karɓi sefa 100,000, wato jaka 100, daga wani manomi mai suna Ndi. Ga kuma wani babban ma'aikacin gwamnati, Mbia, yana tafe da jaka 200. Da aka bi salsala aka gano Mbia dangi ne, wanda a al'adarsu bai halatta ya aure ta ba. Amma ya zo da giya, ya yi alkawarin lambobin girma da takardun izinin mallakar bindiga, sai dattawan da suka ce aure ba zai yiwu ba suka nemo hanyar da zai yiwu. Ba wanda ya tambayi Juliette, wadda ke son wani ɗalibi talaka mai suna Oko.

Sai ta haɗa baki da ɗan'uwanta Kouma suka ɗauke jaka 300 ɗin. Dangi suka ruɗe, manema biyu suka fara barazanar kai ƙara, aka kira boka Sanga-Titi ya yi ta kame-kame, aka tallata yarinyar ga wani ɗan kasuwa mai suna Tchetgen, shi ma ya taya ƙasa da abin da ake nema. A ƙarshe Oko ya shigo cikin manyan kaya, Kouma yana yi masa kirarin babban mutum, ya ce ba zai biya ko sisi ba sai an tambayi yarinyar ta zaɓa da kanta. Ta zaɓe shi, ya biya da kuɗin da aka sace, dangi suka yi ta murna da kuɗin da dama a hannunsu suke.

A wannan wasa soyayyar Juliette da Oko ita ce kaɗai abin gaskiya, amma sai da aka lulluɓe ta da ƙarya kafin dangi su karɓe ta. Auren da suka so ɗaurawa da Mbia kuwa, wanda kowa zai kira na mutunci, ciniki ne tsagwaronsa. Oyônô-Mbia ya juya batun ta ɗaya gefen a Notre fille ne se mariera pas, inda dangi ba sa son 'yarsu mai ilimi ta yi aure don kada albashinta ya koma wani gida. Daniel Kamwa ya mayar da shi fim mai suna Notre fille, bayan fim ɗinsa na barkwanci Pousse-Pousse a kan mai tura kura da ke tara kuɗin aure. Jean-Pierre Dikongué-Pipa ya ɗauki batun ba da wasa ba a Muna Moto, wanda ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na FESPACO a Wagadugu a 1976.

A Ghana da kudancin Najeriya

Efua Sutherland ta Ghana ta buga The Marriage of Anansewa a 1975. Ananse, wanda shi ne Gizonsu, ya aika hoton 'yarsa ga sarakuna huɗu, kowanne yana zaton shi kaɗai ne, suka yi ta aiko masa da kuɗi. Da suka sa ranar zuwa gaba ɗaya, sai ya ce yarinyar ta mutu, ya kwantar da ita kamar gawa yana sauraron abin da jakadun kowane sarki za su faɗa. Wanda saƙonsa ya nuna ƙauna ta gaskiya shi aka tayar wa da ita.

Ola Rotimi na Najeriya ya kawo siyasa cikin lamarin a Our Husband Has Gone Mad Again. Tsohon soja Lejoka-Brown yana neman muƙami, sai ya auri Sikira, 'yar shugabar ƙungiyar matan kasuwa, don ƙuri'un mata. Da matarsa 'yar boko ta dawo daga Amurka, wadda ba ta san yana da wasu mata ba, gidan ya rikice, daga bisani matan kasuwa suka juya masa baya suka tsayar da Sikira.

A wasannin Hausa

Kafin rubutaccen wasa, Hausawa suna da tashe a watan azumi, kuma a cikin na 'yan mata akwai na Mairama da Daudu, inda ake kwaikwayon zaman miji da mata. Rubutattun wasanni suka ɗora daga nan. Shu'aibu Maƙarfi, wanda wasanninsa suka fara fita ta rediyo a Kaduna kafin a buga su a wajajen 1960, ya rubuta Jatau Na Kyallu: attajiri Jatau ya ƙi jin shawara ya auri Kyallu, mace mai zaman kanta wadda dukiyarsa ta kawo ta, ya rabu da matansa na fari, ya wayi gari ba dukiya ba iyali. A Kulɓa Na Ɓarna na Umaru Ɗanjuma Katsina, na 1979, Alhaji Ruwan Ido ne ke jan 'yar makaranta da kuɗi har ya lalata mata rayuwa. Wasan Hadi Abdullahi Alkanci na 1982, Soyayya Ta Fi Kuɗi, sunansa kaɗai ya faɗi matsayinsa.

A Nijar, inda ake kiran abin teyatur, ƙungiyoyin samariya da na gidan rediyo, musamman ta Yazi Dogo a Damagaram, sun yi tashe a zamanin mulkin Seyni Kountché. Ba su cika rubuta maganganun wasa kalma bayan kalma ba. Sukan yarda a kan ƙashin labari, kowane ɗan wasa ya cika nasa da bakinsa. Tsadar aure da alhajin da ke taƙama da kuɗi suna cikin batutuwan da suka yawaita taɓawa. Daga baya talabijin da fina-finan Kano suka gaji wannan hanya, har zuwa kan Rabilu Musa Ibro, wanda ya rasu a 2014, kuma fina-finansa sun shiga gidajen Hausawa daga Kumasi har Ngaundere.

Akwai bambanci ɗaya da ya kamata a lura da shi. A wasan Oyônô-Mbia yarinya ce mai wayo, ita ke cin nasara. A tsofaffin wasannin Hausa da yawa mace ce ake nunawa a matsayin tarko, ko kuma wadda kwaɗayi ya kai ta ya baro, labarin ya ƙare da nadama da wa'azi. Masu kallo na yau, musamman mata, sukan yi tambayar da ta dace: in yarinya ta bi kuɗi, wa ya karɓi kuɗin tun farko?

Yadda batun yake a Garwa da arewacin Kamaru

Garwa ita ce hedikwatar yankin Arewa, tana bakin kogin Binuwai, sama da Yola. Fulatanci ne harshen kasuwa da titi, Faransanci na makaranta da ofis, Hausa kuma tana da ƙarfi a tsakanin 'yan kasuwa da tsofaffin unguwannin Hausawa. Don haka ɗan kallo a nan yakan sha daga rijiya uku. A aji yana karanta Molière da Oyônô-Mbia, a gida yana kallon fina-finan Kano, a rediyo kuma yana jin shirye-shiryen Fulatanci da Hausa, kamar yadda gidan rediyon Garwa ya daɗe yana watsawa har ana kama shi a Najeriya. Wasan dandali kansa ya fi rayuwa a kulob-kulob na makarantu, da makon bikin matasa na 11 ga Fabrairu, da bikin ranar mata na 8 ga Maris, da zauren Alliance Française na garin.

Mai son ɗora Trois prétendants a gaban Musulmin arewa sai ya san cewa dot na kudu da sadaki ba abu ɗaya ba ne. A kudu dangin miji ne ke biyan dangin mata, iyaye da kawunai su raba. Sadaki kuwa haƙƙin amarya ne ita kaɗai, kuma a mazhabar Malikiyya mafi ƙarancinsa rubu'in dinari ne ko dirhami 3. Nauyin aure a arewa yana wajen abubuwan da al'ada ta kewaye sadakin da su: kuɗin gaisuwar iyaye, da kayan sa rana, da akwatunan lefe daga ɓangaren ango, sannan kayan ɗaki da gara daga ɓangaren iyayen amarya. Gasar tana cin gida biyu. Uwa kan ci bashi don kada a ce ɗakin 'yarta ya kasa na 'yar kishiya, ango kan ari mota da babbar riga don kada a ce bai isa ba.

Shi ya sa barkwancin arewa ya fi karkata ga kayan aro da kunya. Abin da Bahaushe ke kira mutunci da rufin asiri, Bafulatani yana da semteende, wato kunya, da munyal, wato haƙuri. Kyawawan ɗabi'u ne, amma su ne kuma ake fakewa da su a hana yarinya cewa a'a, a hana matar aure faɗin abin da ke damunta. Marubuciya Djaïli Amadou Amal, 'yar Marwa, ta nuna wannan fuska ba tare da dariya ba a littafinta Munyal na 2017, wanda aka sake bugawa a Faransa da sunan Les Impatientes, ya ci kyautar Goncourt des lycéens a 2020. A ciki an raba Ramla da saurayin da take so aka ba wani alhaji mai kuɗi da faɗa a ji. Ƙashin labarin ɗaya ne da na Juliette, sai dai Ramla ba ta samu ɗan'uwa irin Kouma da zai taya ta juya wasan ba.

Yadda ake gina wasan

Abu na farko shi ne 'yan kallo su riga 'yan wasa sanin gaskiya. Sun ga lokacin da aka aro rigar, sun ga inda aka ɓoye kuɗin. Daga nan duk kalmar girmamawa da uba ya faɗa wa manemin ƙarya takan zama abin dariya, ko da ita kanta ba ta da ban dariya.

Na biyu shi ne mutanen da ba a rasa su. Akwai uba ko kawu mai magana da sunan al'ada, idonsa na kan aljihun baƙo. Akwai mai dalilin aure, mai kai gwauro da mari, wadda ke cin lada a gida biyu. Akwai manemi mai kuɗi, wanda a kudu ma'aikacin gwamnati ne, a arewa alhaji ne, tun daga shekarun 1990 kuma aka ƙara da feyman, sunan da 'yan Kamaru ke kiran ɗan damfara mai facaka da kuɗi. Akwai malamin tsibbu ko boka da ake kira in abu ya ɓaci. Sannan akwai yaron gida ko ƙanin amarya wanda ya san komai, ba wanda ke sauraronsa.

Na uku shi ne wa'adi. An sa rana, ko mai mota yana son motarsa kafin magariba, ko mijin farko yana ƙofar gida yana jiran takardar saki. Ƙarya ɗaya takan haifi ta biyu, har ramin ya ƙure. A wasannin kisan wuta, juyin da aka fi so shi ne mijin aro ya ƙi sakin matar, domin a idon jama'a da shaidu shi ne miji, kuma wanda ya biya shi ba shi da bakin kai ƙara ba tare da ya tona wa kansa asiri ba.

Na huɗu shi ne tonon asiri a bainar jama'a, a wurin ɗaurin aure ko a gaban alƙali ko a fadar lamiɗo. Tun da don idon mutane aka yi ƙaryar, a gaban mutanen ake warware ta.

Abin da addini da doka suka ce

A fiƙihun Malikiyya, wanda shi ne ake bi a arewacin Kamaru da Najeriya da Nijar, aure yana buƙatar waliyyi da sadaki da shaidu biyu da sigar nema da bayarwa. Aya ta 230 a Suratul Baƙara ta hana mace komawa ga mijin da ya sake ta sau uku sai ta auri wani. Malamai sun bayyana cewa aure na gaskiya ake nufi. Hadisan da Abu Dawuda da Tirmizi da Ibn Majah suka ruwaito sun la'anci mai kisan wuta da wanda aka yi dominsa, kuma Malikiyya suna ganin irin wannan aure ɓatacce ne, ba ya halatta ta ga na farko. Auren da aka yanka wa wa'adi shi ma ɓatacce ne. Game da yarda, mazhabar ta ba uba ikon aurar da budurwarsa bisa sharaɗin kada a cutar da ita, amma hadisan neman izininta sanannu ne, kuma malamai da yawa a yau a kansu suke kafa hujja.

Dokar gwamnati ta daɗe tana kokawa da batun. Tun zamanin mulkin Faransa, dokar Mandel ta 1939 ta wajabta yardar ma'aurata, dokar Jacquinot ta 1951 kuma ta nemi taƙaita kuɗin aure. Dokar rajistar jama'a ta Kamaru mai lamba 81-02, ta 29 ga Yuni 1981, ta shimfiɗa ƙa'idar cewa biyan dot ko rashin biyansa ba ya shafar ingancin aure. Kundin hukunta laifuffuka na 12 ga Yuli 2016 ya tanadi ɗaurin shekara 5 zuwa 10 a sashe na 356 ga wanda ya tilasta wa wani aure, ya kuma haɗa da mai aurar da yaro ko yarinyar da ba ta kai shekara 18 ba. Sashe na 357 ya hukunta neman kuɗin aure ta hanyar da ba ta dace ba, har da karɓar kuɗin wani manemi ba tare da an mayar wa na farko nasa ba, wato daidai abin da dangin Juliette suka yi. A Faransa kuwa, auren takardu yana iya jawo ɗaurin shekara 5 da tarar yuro 15,000.

Akwai wani gefe da ya shafi iyalai masu zama tsakanin ƙasashe biyu. Aure na iya zama sahihi a masallaci, amma ba shi da takarda daga ofishin magajin gari. In miji ya rasu, matar kan sha wuya wajen karɓar fanshonsa a asusun CNPS, ko kare haƙƙinta a kotun gwamnati, ko bin 'ya'yanta zuwa wata ƙasa. Wannan ne ya sa ma'aikatar kula da mata da iyali ta Kamaru ke shirya ɗaurin aure na jama'a da yawa a lokaci guda, don ma'auratan da suka daɗe tare su samu takarda. Sai ga shi auren bogi yana yawo da takarda mai hatimi, aure na gaskiya kuma ba shi da ita.

Daga dandali zuwa waya

Yau yawancin irin wannan barkwanci a wayar hannu ake kallonsa, a gajerun bidiyo na TikTok da Facebook da YouTube, cikin Hausa da Fulatanci da Faransancin titi. Soyayyar ƙarya tsakanin 'yan barkwanci ta zama hanyar tara mabiya, mabiya kuma kuɗi ne. A watan Oktoba na 2025 wata kotun majistare a Kano ta umarci hukumar Hisbah ta ɗaura wa wasu 'yan TikTok biyu aure cikin kwana 60, bayan an gurfanar da su a kan bidiyon da suke fitowa a matsayin masoya. Lauyoyi suka ce kotu ba ta da ikon tilasta wa kowa aure. Ba a jima ba Hisbah ta janye shirin, bayan namijin ya bayyana cewa babu soyayya a tsakaninsu.

Ga malamin da ke shirya wa ɗalibansa wasa a Garwa ko Marwa ko Ngaundere, kayan aikin suna kusa: tabarma, da akwati biyu, da babbar riga ta aro, da yaro ɗaya da ya iya kwaikwayon tafiyar alhaji. Abin da ya fi wuya shi ne zaɓen wanda dariyar za ta faɗa a kansa. In ta faɗa kan bazawara ko yarinyar da aka aurar, wasan ya ƙara wa tsegumin unguwa ƙarfi ne kawai. In ta faɗa kan masu ƙirga kuɗin, to akwai iyaye a cikin 'yan kallo da za su koma gida su tambayi 'yarsu wanda take so kafin su karɓi goron kowa.